Bitar kalkuleta Casio fx-991ES PLUS: yadda take yi da juzu'i da ƙarfi mai alamar ɗebewa

Ba a gane ingancin kalkuletar kimiyya da lissafin tarawa da ninkawa na yau da kullum, domin ko wadda ke cikin waya tana yin wannan ba tare da tangarɗa ba. Inda ake gane ta shi ne lokacin da aka haɗa mata abubuwa uku a layi ɗaya: juzu'i, wato lamba mai sama da ƙasa irin su rabi da sulusi da biyu bisa uku, sannan ƙarfi mai alamar ɗebewa kamar 2⁻³, sannan baka da alamomin rabawa da ninkawa da suke buƙatar a bi su bisa tsari. A nan ne ɗalibai suka fi zubar da maki, kuma a nan ne na'urori daban-daban suke ba da amsa daban-daban ga tambaya guda. Saboda haka a wannan ma'auni kaɗai na ɗora Casio fx-991ES PLUS, na bar sauran ayyukanta ga masu buƙatarsu.

Kamfanin Casio na ƙasar Japan ne ya ƙera ta, kuma a bayaninsa tana da ayyuka 417, waɗanda galibinsu ba su shafi abin da muke magana a kai ba. Tana aiki da hasken rana tare da ƙaramin batir samfurin LR44, tana da murfi mai zamewa, kuma tana kashe kanta idan aka bar ta kamar minti goma ba a taɓa ta ba. Abin da ya fi muhimmanci a jikinta shi ne fuskarta, wadda take nuna lissafi kamar yadda yake a littafi: lambar sama tana zaune a bisa layi, ta ƙasa tana ƙarƙashinsa, ƙarfi kuma yana ɗare a kafaɗar lamba da ƙaramin rubutu. Casio ta fara fitar da irin wannan fuska a samfurin fx-82ES a shekarar 2004, kuma duk wanda ya yi aiki da tsofaffin samfura, waɗanda suke jera komai a layi ɗaya su raba sama da ƙasa da wata 'yar alama mai kama da ƙugiya, ya san cewa canjin ba na ado ba ne. A tsohon salo, mutum yana riƙe siffar lissafin a kansa yana ƙirga baka nawa ya buɗe, nawa ya rufe. A sabon salo kuwa yana iya ɗora fuskar kusa da takardar tambaya ya gwada su da ido kafin ya danna alamar daidai.

Misalin da na fi so a gwada kowace kalkuleta da shi shi ne wannan: (1/2 − 1/3)⁻² ÷ 3² × 2⁻¹ + (−2)⁻³. Idan aka bi shi da hannu, za a fara da abin da ke cikin baka, inda rabi a ɗebe sulusi ya bar 1/6. Daga nan sai ƙarfi. Ƙarfi mai alamar ɗebewa ba ya mayar da amsa ƙasa da sifili. Abin da yake cewa shi ne a kifar da lambar, sama ta koma ƙasa, sannan a ɗaga ta zuwa ƙarfin. Don haka (1/6)⁻² ya zama 6², wato 36, 3² ya zama 9, 2⁻¹ ya zama rabi, shi kuwa (−2)⁻³ ya zama ɗaya bisa (−2)³, wato −1/8. Bayan haka sai rabawa da ninkawa daga hagu zuwa dama: 36 a raba da 9 ya ba da 4, 4 sau rabi ya ba da 2. A ƙarshe 2 a tara da −1/8 ya ba da 15/8. Kalkuletar ta fitar da 15/8 daidai, a matsayin juzu'i tsantsa, ba 1.875 ba, kuma wannan shi ne babban dalilin da zai sa ɗalibi ya saye ta. Yawancin tambayoyin irin wannan ana neman amsarsu ne a matsayin juzu'i, kuma na'urar da za ta ba mutum 0.8333333333 ta bar shi yana tunanin ko 5/6 ne, ta yi masa rabin aiki ne kawai.

Na zaɓi misalin ne saboda tarkon da ke tsakiyarsa. Ɗalibai da yawa sun haddace jerin haruffan BODMAS ko ɗan'uwansa PEMDAS, waɗanda ake tuna tsarin matakan lissafi da su, suka ɗauka cewa kowane harafi mataki ne mai zaman kansa, alhali rabawa da ninkawa matsayinsu ɗaya ne, haka ma tarawa da ɗebewa, kuma wanda ya fara zuwa daga hagu shi ake fara yi. Wanda ya fara ninka 9 da rabi zai sami 9/2, ya raba 36 da shi ya sami 8, ya ƙare da 63/8, yana ganin bai yi kuskure ko ɗaya ba tunda kowane mataki a karan kansa daidai yake. Kalkuletar ba ta faɗawa cikin wannan rami. Littafin jagorarta ya jera matakan fifiko filla-filla, baka a sama, ƙarfi da saiwa (√) a gaban juzu'i, juzu'i a gaban alamar lamba mai ƙasa da sifili, sannan ninkawa da rabawa a mataki guda, tarawa da ɗebewa a bayansu. Shafin nan ɗaya ya fi sauran littafin amfani, kuma abin takaici shi ne da wuya a ga mai sayen kalkuleta ya buɗe shi.

Wannan jeri shi ne yake bayyana abin da take yi da −2⁻². Tunda ƙarfi ya riga alamar ɗebewa, na'urar tana fara lissafa 2⁻² ta sami rubu'i, sannan ta liƙa masa alamar, amsa ta zama −1/4. Idan ana nufin −2 ɗin gaba ɗayansa ne za a ɗaga, dole a saka shi cikin baka, (−2)⁻², sai amsa ta zama 1/4. Haka littattafan lissafi suke karanta rubutun, don haka ban ga laifinta a nan ba, sai ma yabo. Amma ya kamata wanda yake yawo tsakanin kalkuleta da kwamfuta ya san cewa manhajar Excel ta saɓa wa wannan ƙa'ida: idan aka rubuta mata =-2^2 tana ba da 4, ita kuwa Casio tana ba da −4. Duk wanda ya gwada amsar ɗaya da ta ɗayar ba tare da sanin wannan bambanci ba zai zargi wadda ba ta da laifi.

Akwai maɓallai biyu masu kama da juna a jikinta, ɗaya na ɗebewa, ɗaya kuma mai alamar cikin baka wanda ake saka wa lamba don nuna tana ƙasa da sifili. A tsakiyar lissafi bambancinsu bai cika damun mutum ba. Inda yake cizo shi ne a farkon sabon layi. Idan mutum ya gama wani lissafi, amsa tana kan fuska, sai ya danna maɓallin ɗebewa da nufin fara rubuta −2⁻², na'urar za ta ɗauka yana so ya ci gaba da amsar baya ne, ta rubuta Ans, wato amsar baya, kafin alamar. Idan amsar baya 15/8 ce, zai sami 13/8 a maimakon −1/4. Kalmar Ans tana nan a fili a kan fuska, amma mai sauri a ɗakin jarrabawa idonsa yana kan takarda, ba a kan fuska ba. Wannan ɗabi'a tana da amfani sosai a dogon lissafi mai hawa-hawa, don haka ba zan ce a cire ta ba, sai dai mutum ya saba da danna AC, maɓallin share fuska, kafin sabuwar tambaya.

Babban aibin da na samu a wannan kalkuleta ya fito ne daga abin da ya zama ƙarfinta. Domin ta nuna lissafi kamar na littafi, duk lokacin da aka danna maɓallin juzu'i ko na ƙarfi tana buɗe wani ɗan akwati, 'yar sandar da ke ƙyaftawa ta shiga ciki, kuma ba ta fitowa da kanta sai an danna kibiyar dama. Duk abin da aka rubuta kafin a danna kibiyar yana cikin akwatin. A ɗauki 2⁻³ + 1, wanda amsarsa 9/8 ce. Idan aka danna 2, aka danna maɓallin ƙarfi, aka rubuta −3, sannan aka zarce da + 1 ba tare da an fito ba, abin da aka tambayi na'urar shi ne 2 a ƙarfin −3 + 1, wato 2⁻², kuma za ta amsa da 1/4 cikin natsuwa, ba gargaɗi, ba alamar kuskure, domin tambayar da aka yi mata halastacciya ce. Bambancin a kan fuska ɗan ƙarami ne: + 1 ɗin ya fito da ƙaramin rubutu a sama maimakon babba a kan layi. Fuskar kuwa ta ɗige-ɗige ce, ba ta da kaifin fuskar waya, don haka a wuri mai ƙarancin haske sai an ƙura ido kafin a lura.

Haka abin yake, har ma ya fi muni, a wajen juzu'in da aka ɗaga zuwa ƙarfi. (2/3)⁻² amsarsa 9/4 ce, tunda an kifar da biyu bisa uku ya zama uku bisa biyu, aka ninka shi da kansa. Amma wanda ya buɗe akwatin juzu'i, ya rubuta 2 a sama, ya sauko ya rubuta 3, sannan ya danna maɓallin ƙarfi yana nan a ƙasa, ya ɗora ƙarfin a kan 3 kaɗai. Na'urar za ta lissafa 2 a raba da 3⁻², wato 2 sau 9, ta ba shi 18. Tsakanin 9/4 da 18 akwai tazara mai yawa, amma sai wanda ya riga ya ƙiyasta amsar a kansa ne zai ji wani abu bai zauna daidai ba. Shawarata ita ce a buɗe baka kafin a fara juzu'in, a fito daga akwatin da kibiya, a rufe baka, sannan a saka ƙarfi, ko da kuwa hakan ya ƙara danne-danne biyu. Na fi ganin laifin a tsarin ƙirar fiye da a hannun mai amfani, domin da an sa akwatin da ake ciki ya fito da wata alama mai ƙarfi, da an rage irin wannan kuskure ƙwarai. Abin da ya sassauta matsalar shi ne gyara yana da sauƙi: bayan an ga amsa, kibiyar hagu tana mayar da mutum cikin rubutunsa ya goge abin da ya ɓaci kaɗai, kibiyar sama kuma tana dawo da lissafin da aka yi a baya.

Sai kuma batun da ya fi jawo gardama, wato ninkawar da ba a rubuta alamarta ba. Wannan samfurin yana ba irin wannan ninkawa fifiko a kan rabawa, ma'ana lambar da ta manne wa baka ana ɗaukarta tare da bakan a matsayin dunƙule ɗaya. Shi ya sa shahararren lissafin nan 6 ÷ 2(1 + 2) yake fitowa 1 a nan, alhali kalkuletocin Texas Instruments na jerin TI-83 suna ba da 9, saboda su suna ɗaukar ninkawar ɓoye daidai da ta bayyane. A fagenmu abin yana fitowa kamar haka: 12 ÷ 3(1/2)⁻² yana ba da 1, tunda (1/2)⁻² shi ne 4, an ninka shi da 3 tukuna an sami 12, sannan aka raba. Da zarar an saka alamar sau tsakanin 3 da bakan, amsa ta koma 16. A ganina zaɓin Casio yana da hujja, domin haka masu lissafi da masana kimiyya suka saba karanta abu kamar 1 ÷ 2π ko a ÷ bc idan sun gan shi a rubuce. Sai dai babu wata hukuma da ta yanke wa duniya hukunci ɗaya a kan wannan, kuma rubutun ne da kansa yake da harshen damo. Mafita tana cikin na'urar: maɓallin juzu'i yana kawar da shakkar gaba ɗaya, domin mutum yana ganin abin da ya saka a ƙasan layi da abin da ya bari a waje. Wanda ya daina amfani da alamar ÷ a irin waɗannan tambayoyi ya koma ga akwatin juzu'i ya huta da gardamar.

Wajen nuna amsa, maɓallin S⇔D yana juya ta tsakanin juzu'i da lamba mai ɗigo, idan kuma aka haɗa shi da SHIFT yana mayar da 15/8 ya zama 1 da 7/8. Wannan yana aiki lafiya. Amma akwai iyaka: idan lambobin juzu'in tare da alamomin da ke raba su suka wuce gurbi goma, na'urar tana komawa ga lamba mai ɗigo da kanta. (2/3)⁻¹² amsarsa ta haƙiƙa 531441/4096 ce, amma abin da zai bayyana shi ne 129.7463379, kuma danna S⇔D ba zai dawo da juzu'in ba. Ga tambayoyin makaranta wannan iyaka ba ta cika tasowa ba, amma ƙarfi yana kumbura lamba da sauri, don haka ya kamata a san da ita. A irin wannan hali sai a lissafa 3¹² da 2¹² daban-daban a haɗa juzu'in da hannu.

Wani abin da ke rikita sababbin masu amfani shi ne yadda take rubuta ƙananan lambobi. A saitin da take zuwa da shi, mai suna Norm 1, duk abin da bai kai 0.01 ba ana nuna shi da ƙarfin goma, don haka idan aka juya 1/200 zuwa lamba mai ɗigo sai a ga 5×10⁻³ a maimakon 0.005. Ɗalibin da bai riga ya fahimci ƙarfi mai alamar ɗebewa ba yakan kwafi 5 ya bar sauran. Ana gyara wannan a cikin SETUP ta hanyar zaɓar Norm 2, wanda ba ya komawa ga ƙarfin goma sai lamba ta yi ƙasa da 10⁻⁹. A can cikin SETUP ɗin ne kuma ake zaɓa tsakanin MthIO, wato salon littafi, da LineIO, wato tsohon salon layi ɗaya. Idan wani ya ari kalkuletar ya dawo da ita tana ba da 0.75 a inda ake jiran 3/4 daga 1/2 + 0.25, galibi an sauya ta ne zuwa LineIO, domin a wannan salo haɗa juzu'i da lamba mai ɗigo yana haifar da amsa mai ɗigo.

A wuraren da lissafi ba shi da amsa, tana tsayawa a kan gaskiya. (1/2 − 1/2)⁻¹ yana nufin ɗaya a raba da sifili, kuma tana amsawa da Math ERROR, sannan kibiyar hagu ko ta dama tana kai mutum wurin da matsalar take. Ta kuma burge ni da (−8) a ƙarfin −1/3, inda ta ba da −1/2 daidai, domin tana karɓar tushe mai ƙasa da sifili muddin ƙasan juzu'in ƙarfin lamba ce mara. Idan ƙasan ya zama 2, kamar (−4) a ƙarfin rabi, sai ta ƙi, kuma haka ya kamata a cikin lambobi na haƙiƙa. Ƙaramin maɓallin x⁻¹ shi ma ya cancanci ambato, saboda ba ya buɗe akwati, saboda haka ba shi da tarkon kibiya. Da shi ake rubuta (2⁻¹ + 3⁻¹)⁻¹ cikin sauri a sami 6/5, irin lissafin da ɗaliban kimiyyar lantarki suke yi kullum wajen haɗa rezisto biyu, wato 'yan na'urorin da ke rage gudun lantarki, kafaɗa da kafaɗa. Tambaya ce da mutane da yawa suke amsawa da 5, suna zaton kifewa biyu tana soke juna ko da akwai tarawa a tsakani.

Abin da ba ta yi shi ne nuna matakai. Ta ba da 15/8 a misalinmu na farko, amma ba ta faɗi cewa 36 ya fito daga kifar da 1/6 ba, kuma ɗalibin da ya sami 63/8 da hannu zai san ya yi kuskure ba tare da ya san a ina ba. Hanyar da ta fi amfani ita ce a shigar da lissafin gunduwa-gunduwa, baka daban, kowane ƙarfi daban, a gwada kowace gunduwa da abin da ke takarda har a kama wurin da hanya ta rabu. A haka tana zama abokiyar bita mai kyau. Ga wanda bai san dalilin da ya sa 2⁻³ yake 1/8 ba −8 ba kuwa, ba za ta koya masa ba, kuma manhajojin waya masu warware lissafi mataki-mataki sun fi ta a wannan fanni, ko da yake ba a shiga ɗakin jarrabawa da waya.

Idan aikin mutum bai wuce juzu'i da ƙarfi da bin tsarin lissafi ba, ƙanwarta fx-82ES PLUS, mai ayyuka 252, tana da irin wannan fuska da waɗannan maɓallai, kuma za ta wadatar da shi. fx-991ES PLUS ta fi dacewa da wanda zai ci gaba zuwa warware ikweshan da matiriks da kalkulas, yana son na'ura ɗaya da za ta raka shi har jami'a. Wanda kuma ƙanƙantar rubutun cikin akwatin ƙarfi ta dame shi, ya duba jerin ClassWiz na kamfanin, irin su fx-991EX, domin fuskarsu ta fi kaifi nesa ba kusa ba, kuma ya fi sauƙi a gane ko + 1 yana sama ko yana kan layi. Kafin ya biya kuɗin kowacce, ya karanta ƙa'idar hukumar jarrabawar da zai zauna, tunda kowace hukuma tana da jerin irin kalkuletocin da ta yarda a shiga da su.